Wainar Dankali Da Karas A Garin Shinkafa

Wanda ya taso a Zabarmari ba sai an koya masa cin waina ba. Garin, da ke Ƙaramar Hukumar Jere a gefen Maiduguri, da noman shinkafa aka san shi, don haka masa ba baƙuwa ba ce a kowane gida. Sai dai masa tana da mulki: a jiƙa shinkafa, a kai niƙa, a bar ƙulli ya kwana ya tashi. Ranar da babu wannan lokacin, akwai wata waina da ake gamawa cikin rabin awa, wato ta dankalin turawa da karas.

Dankalin turawa ba ya son zafi. Asalinsa daga tsaunukan Kudancin Amurka ne, shi ya sa a Nijeriya ya fi karɓar ƙasar Filato, irin su Bokkos da Mangu da Barikin Ladi. Daga can motoci ke ɗauko shi zuwa kasuwannin Maiduguri, kamar ta Monday da ta Gamboru, kuma nisan hanya yana hawa kan farashi. Amfanin wannan waina ke nan: dankalin da ba zai ishi yaro biyu ba in an soya shi zalla, idan aka goge shi aka haɗa da karas da ƙwai sai ya zagaye tire. Karas kuwa da hunturu yake arha, daidai lokacin da masu girbin shinkafa ke buƙatar guzurin gona.

Uwargida za ta tanadi dankali 4 matsakaita, karas 2, albasa 1, attaruhu 2, ƙwai 2, fulawa cokali 3, gishiri, dunƙule da man gyaɗa. In babu fulawa, garin shinkafa ya wadatar. Ki fere dankalin, ki kankare karas, ki goge su da magogin kuɓewa. Kada ki bar gogaggen dankali ya daɗe a buɗe, iska na sa shi baƙi.

A nan ne mata da yawa ke yin kuskure. Dankali ruwa ne ya fi yawa a jikinsa. In kin zuba shi a mai haka nan, wainar za ta yi caɓal, ta sha mai, ta watse a kasko. Don haka ki juye shi a tsaftataccen ƙyalle, ki murɗe, ki matse sosai a cikin kwano. Amma kada ki yi saurin zubar da ruwan. Ki bar shi ya kwanta minti kaɗan, ki tsiyaye, za ki ga wani farin sitaci a ƙasan kwanon. Shi ne ke ɗaure wainar. Ki kwashe shi ki mayar cikin dankalin, ki haɗa da karas, albasa, attaruhu, ƙwai, fulawa da dunƙule. Gishiri kuma sai dab da suya, domin yana jawo ruwa.

Ki zuba mai kaɗan a kasko ko tanda, ya yi zafi. Ki ɗebo cokali guda, ki baje shi da faɗi, kada ya yi kauri. Wuta matsakaiciya ake so, minti 3 zuwa 4 kowane gefe. Garwashi mai ƙarfi zai ƙona baya ya bar ciki ɗanye.

Man nan ba daɗi kaɗai yake ƙarawa ba. Karas na ɗauke da sinadarin da jiki ke mayarwa bitamin A, wanda rashinsa ke kawo dundumi, kuma jiki ya fi zuƙar sa idan an haɗa da maiƙo. Abin kiyayewa ɗaya ne: dankalin da ya yi kore ko ya yi tsiro yana da guba mai ɓata ciki, kuma suya ba ta kashe ta. Ki yanke wurin da zurfi, in ya yi yawa ki yar. Da yake zafin Borno na lalata dankali da wuri, ki sayi na kwana biyu ko uku, ki ajiye a inuwa.

A ci wainar da zafinta, da yajin ƙuli da kunun gyaɗa. Ta farko tana iya watsewa. Ki ƙara matsa da ɗan gari, ta biyu za ta tsaya da ƙafarta.