Wa Ke Kashe Kallo a Gidanka?

Gabatarwa

Waɗanda suka yi wayo a shekarun 1980 za su tuna yadda kallon talabijin yake a dā. NTA takan buɗe da yamma, ta rufe da dare bayan taken ƙasa. Ko kana so ko ba ka so, kallo ya ƙare, kowa ya nemi makwancinsa. Da kaset ɗin bidiyo ya zo, shi ma yana da ƙarshe. Wayar GSM ta shigo Najeriya a 2001, Arewa24 ta fara aiki a 2014 dare da rana, sai ga YouTube, Facebook da TikTok a aljihun kowa. Babban abin da ya canja shi ne, yanzu babu mai rufe tasha. In mutum bai sa wa kallonsa iyaka da kansa ba, babu wanda zai sa masa. Wannan darasi domin ma'aikacin Allah ne, ya gane dalilin haka, ya gyara nasa gida, sa'an nan ya iya taimakon garken da aka danƙa masa.

Me ya sa ajiye waya ke da wuya?

Yawancin waɗannan manhajoji da talla suke samun kuɗi. Iya daɗewarka kana kallo, iya ribarsu. Saboda haka an gina su yadda ba za ka ga wurin tsayawa ba. Wani kashi na fim yana ƙarewa, na gaba ya fara da kansa. Shafi kuma ba shi da ƙasa, kana ja yana ƙara zuwa. A 2017 shugaban Netflix na lokacin, Reed Hastings, ya faɗa a fili cewa barci yana cikin abokan gasar kamfaninsa.

Akwai kuma dalili na biyu. A tsakiyar ƙarni na 20 wani masanin halayya a Amurka, B. F. Skinner, ya yi gwaji da tattabaru. Ya ga cewa tattabarar da ba ta san lokacin da ƙwaya za ta faɗo ba, ita ce ta fi nacewa da saran maɓalli. Haka ɗan yatsa yake a kan waya: bidiyo biyar ba daɗi, na shida ya ba ka dariya, sai ka ci gaba da neman na bakwai. Da wannan igiya ce caca take ɗaure mutum.

Fasto da ya fahimci wannan ba zai yi saurin kiran matashi malalaci ba. Yaron yana kokawa ne da abin da gwanaye suka tsara domin ya riƙe shi. Wannan bai ɗauke masa alhaki ba, amma ya nuna cewa niyya kaɗai ba ta isa, sai da tsari.

Abin da Nassi ya koya mana

Littafi Mai Tsarki bai hana hutu ba. A Markus 6:31 Yesu da kansa ya janye almajiransa daga taro domin su huta. Wa'azin da ke cewa duk fim da duk ƙwallo zunubi ne yana ɗora wa mutane kayan da Ubangiji bai ɗora musu ba, kuma yakan koya wa matasa kallo a ɓoye.

Ma'aunin da ya fi dacewa yana cikin 1 Korantiyawa 6:12. Bulus ya yarda abu zai iya zama halal, amma ya ƙi barin kowane abu ya mallake shi. To, tambayar ita ce, wa ke mulki, kai ko wayar? Afisawa 5:15-16 ta ƙara da batun lokaci. Yi lissafi da kanka: awa 2 kowace rana awa 730 ce a shekara, wato kwana 30 cur, dare da rana. Filibiyawa 4:8 kuma ta ba mu abin tace irin abin da muke cika zuciya da shi. Maimaitawar Shari'a 6:6-7 ta sa koyar da yara a lokacin zaman gida, da lokacin kwanciya, da na tashi. Waɗannan ne daidai lokutan da waya ta ƙwace.

Alamomin da makiyayi zai lura da su

A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa jarabar wasannin bidiyo cikin jerin cututtukan da ta amince da su. Alamomi uku ta bayar: mutum ya kasa tsayawa, ya fifita wasan a kan sauran al'amuran rayuwarsa, ya kuma ci gaba ko da yana ganin ɓarnar. Wannan bayani a kan wasanni ne, kuma tantance cuta aikin likita ne. Duk da haka tambayoyin nan uku suna da amfani wajen ba da shawara a kan kowane irin kallo. Ka yi su a keɓe, cikin tawali'u, ba daga bagade ba.

Matakai domin gidan fasto

Bisa ga 1 Timoti 3:4-5, gyara daga gida yake farawa. Mai gyanyaɗi a kan littafinsa ran Asabar da dare, domin ya raba dare yana kallo duk mako, ikilisiya ce za ta ci ɗanyen tuwo ran Lahadi.

1. Auna kafin ka yanke. Yawancin wayoyin zamani suna nuna awowin da aka yi a kowace manhaja. Duba na mako guda, ka rubuta.

2. Zaɓi abin kallo kafin ka kunna. Wanda ya ce zai kalli kashi ɗaya na Daɗin Kowa ya san inda zai tsaya. Wanda ya ce bari ya ɗan duba waya bai sani ba.

3. Kashe abin da ke sa bidiyo na gaba ya fara da kansa, da ƙarar sanarwar da ba dole ba.

4. Keɓe lokuta uku babu waya: cin abinci, addu'ar iyali, da awar ƙarshe kafin barci. Hasken allo da dare yana jinkirta barci. A sa caji a falo.

5. Kula da ƙanana. Shawarar hukumar nan ta 2019 ita ce kada a zaunar da yaron da bai kai shekara 2 ba a gaban allo, ɗan shekara 2 zuwa 4 kuma kada ya wuce awa 1 a rana.

6. Ku yi kallo tare, ku tattauna. Tambayi yara abin da fim ɗin ya yaba da abin da ya raina.

7. Cika gurbin. In ka cire kallo ba ka sa tatsuniya, waƙa, ziyara ko wasa a fili ba, wayar za ta dawo.

A cikin ikilisiya

Wasannin gasar zakarun Turai yawanci ran Talata da Laraba da dare ake yi, kuma ikilisiyoyi da yawa suna taron addu'a a tsakiyar mako. Maimakon faɗa kowane mako, dattawa su zauna da matasa a duba lokaci, a yi alkawari, kowa ya cika nasa. Zumuntar mata da malaman Makarantar Lahadi su ma a koya musu waɗannan matakai, gama su ne kusa da yara. Mai riƙe da waya yana sauraron wanda ya zo masa da kuka kuwa ya riga ya yi wa'azi, ko bai buɗe baki ba.

Tambayoyi domin tattaunawa

1. Awa nawa wayarka ta nuna a makon jiya? Nawa ka ba addu'a da nazari?

2. Wane lokaci ɗaya za ka keɓe a gidanka daga yau, wa kuma zai tambaye ka ko ka cika?

3. Yaya za ka amsa wa dattijon da ya ce a hana matasa kallon ƙwallo gaba ɗaya?