Dattijon Da Ya Ji Tsoron Fitowa A Matsayin Ubangiji

Kowace shekara idan watan Disamba ya kama, mu malaman makarantun Ekklesiya mukan shiga hidimar shirya wasan Kirsimati. Rabon aiki ba ya ba mu wuya. Nan da nan ake samun Maryamu da Yusufu, makiyaya har su yi yawa, Hirudus ma akwai yaran da ke rububinsa. Amma idan labari ya kai inda Allah zai yi magana, sai mu ɓoye wani mai babbar murya a bayan labule. Ba wanda yake so ya fito fili a ce shi ne. Wannan ya sa nake so in ba ku labarin wani wasan kwaikwayo na ƙasar Amurka, inda wani dattijo ya fito gaban jama'a a matsayin Ubangiji har sau 1,657, da yadda abin ya kasance.

Asalin Wasan

Sunan wasan The Green Pastures, wato wurin kiwo mai ɗanyar ciyawa. Daga Zabura ta 23 aka ɗauko sunan. Tushensa kuwa wani littafi ne da ya fito a 1928, wanda Roark Bradford, wani Bature ɗan jarida a birnin New Orleans, ya rubuta. Bradford ya tashi a kudancin Amurka, inda aka bautar da baƙar fata a gonakin auduga har zuwa 1865. Tun yana yaro yakan ji yadda masu wa'azinsu suke ba da labarun Tsohon Alkawari da irin Turancinsu na ƙauye, sai ya rubuta labarun yadda shi ya ɗauke su, da raha a ciki.

Wani Bature kuma, Marc Connelly, marubucin wasanni a birnin New York, ya karanta littafin, ya ga za a iya mai da shi wasa. Ya tafi kudu ya sadu da Bradford, ya kuma shiga majami'un baƙar fata don ya ji da kunnensa. Da ya gama rubutu sai neman mai zuba kuɗi ya zama aiki. Manyan masu shirya wasanni suka ƙi. Suna ganin mutane za su ce saɓo ne, ga 'yan wasan duka baƙar fata, ga shi kuma tattalin arzikin Amurka ya karye a ƙarshen 1929. Daga bisani wani mai cinikin hannun jari, Rowland Stebbins, ya yarda ya ɗauki nauyin abin.

Abin Da Ke Cikin Wasan

Wasan ya fara ne a makarantar Lahadi ta wata ƙaramar majami'a a jihar Louisiana. Wani tsohon mai wa'azi yana karanta wa yara Littafin Farawa, su kuwa suna ta jefo masa tambayoyi irin na yara: yaya kamannin Allah yake, me mala'iku suke yi kafin a halicci duniya? Daga nan sai masu kallo su shiga cikin tunanin yaran.

Da yake yaran ba su san wata duniya ba sai tasu, sama ta zama wurin liyafar soyayyen kifi, irin wadda majami'arsu takan yi. Ubangiji ya fito kamar tsohon fasto mai doguwar baƙar kwat, yana da ofis da teburin rubutu. Mala'ika Jibra'ilu yana ɗokin busa ƙahon ƙarshe, ana ta hana shi. Nuhu ya roƙi a bar shi ya shiga jirgi da ganga biyu na barasa, aka ce ɗaya ta isa. Babila kuwa gidan rawa ce na dare. Tsakanin kowane sashi ƙungiyar mawaƙa ta Hall Johnson takan rera tsofaffin waƙoƙin ibada waɗanda bayi suka bar wa jikokinsu.

Amma wasan bai ƙare da dariya ba. Can gaba zunubin mutane ya ishi Ubangiji, har ya ce ya juya musu baya. Sai ya ji muryar wani jarumi mai suna Hezdrel, yana tsaron Urushalima. Wannan mutum ba ya cikin Littafi Mai Tsarki, Connelly ne ya ƙago shi. Hezdrel ya ce shi yana dogara ga Allahn annabi Yusha'u, mai jinƙai, kuma ta wurin shan wuya ne mutum yake sanin jinƙai. Ubangiji ya koma sama yana tunani ko shi ma sai ya sha wuya. Sa'an nan aka ji wata murya daga nesa tana faɗin wani da aka ɗora wa gicciye yana hawan dutse. Nan labule ya sauka.

Richard Harrison

Saura kaɗan a fara wasa, ba a sami wanda zai fito a matsayin Ubangiji ba. Sai aka kai Connelly ga Richard B. Harrison, dattijo mai furfura, ɗan shekara 65. An haife shi a Kanada a 1864, gama iyayensa bayi ne da suka tsere daga Amurka. Ya yi aiki a jiragen ƙasa, ya yi shekaru yana zaga majami'u da makarantu yana karanta waƙoƙi da wasannin Shakespeare da ka, ya kuma koyar a wata kwalejin baƙar fata a jihar North Carolina. Bai taɓa fitowa a manyan gidajen wasa na New York ba.

Harrison bai yi tsalle ya karɓa ba. Abu biyu suka dame shi. Na fari, kada ya yi wa Allah saɓo. Na biyu, kada a yi amfani da shi a mai da mutanensa abin dariya a gaban Turawa. Ya kai maganar wurin Bishop Herbert Shipman, wanda ya karanta wasan ya ƙarfafa shi. Sa'an nan ne ya yarda. Abin mamaki kuma, sai da aka koya masa Turancin ƙauyen kudu, don shi ba haka yake magana ba.

Aka buɗe wasan ran 26 ga Fabrairu, 1930, a gidan wasa na Mansfield. Ya yi wasan da natsuwa da kwarjini, har waɗanda suka zo dariya suka yi tsit. An nuna shi sau 640 a New York, ya ci kyautar Pulitzer ta 1930, kāna aka yi shekaru ana zagaya biranen Amurka da shi. Harrison bai taɓa fashi ba ko sau ɗaya, sai a watan Maris na 1935 da ciwo ya kama shi yana shirin fitowa. Ya rasu ran 14 ga watan.

Yabo Da Suka

Ba kowa ne ya yi na'am ba. A Ingila hukuma ta hana nuna wasan, don a lokacin ba a yarda a kwaikwayi Allah a dandali ba. A Washinton, babban birnin Amurka, gidan wasan da ya karɓe shi bai yarda baƙar fata su zauna su kalla ba. Ku duba fa: Turawa suna tafa wa baƙin mutum a matsayin Ubangiji, amma 'yan'uwansa suna waje. A garuruwa da yawa 'yan wasan ba su sami masauki a otal ba, sai a gidajen 'yan'uwansu.

Cikin baƙar fata masu ilimi ma ra'ayi ya rabu. Waɗansu sun yi murna da aikin da 'yan wasansu suka samu a lokacin yunwa, da darajar da Harrison ya jawo musu. Waɗansu suka ce ai wannan ba bangaskiyarsu ba ce, hoto ne da Turawa biyu suka zana, wanda ya mai da manyan mutane kamar yara. An yi fim ɗinsa a 1936, amma da aka sāke nuna wasan a New York a 1951 bai daɗe ba, gama zamani ya juya.

Abin Da Ya Shafe Mu

Akwai kuskure babba a cikin wasan wanda ya kamata mu gane. Ya nuna kamar Allah ya koyi jinƙai ne daga baya, a bakin mutum. Littafi Mai Tsarki bai koya mana haka ba. Ku karanta Fitowa 34:6, ku ga yadda Allah ya bayyana halinsa ga Musa tun a jeji. Gicciyen Almasihu kuma shirin Allah ne tun fil azal.

Amma akwai gaskiya guda da Connelly ya gano, wadda kowane malamin makarantar Lahadi ya sani. Yaro yakan zana Allah a zuciyarsa da kamannin manyan da yake gani kullum. Yaran cikin wasan sun ga Allah da kwat ɗin fasto domin faston nan ne mafi kirki da suka sani. To, naka ɗan fa? Sa'ad da ka koya masa ya kira Allah Uba, wane uba ne zai faɗo masa a rai? Mai tsawa da bulala kaɗai, ko mai horo da ƙauna, mai cika alkawari?

Harrison ya ji tsoro, ya nemi shawara, kafin ya tsaya a wannan matsayi na 'yan sa'o'i. Mu iyaye da malamai muna tsaye gaban yara daga safe har dare, ba labulen da zai ɓoye mu. Bari mu roƙi Ubangiji ya ba mu irin wannan tsoro, mu kuma riƙa buɗe musu Littafi Mai Tsarki, domin inda halinmu ya kāsa, Maganarsa ta gyara hoton.