Tsakanin Shiru da Gardama: Bayani a kan Kalmar "Demur"



A bana mu 'yan aji na ƙarshe mun ɗauki kalma ɗaya tak ta Ingilishi za mu yi bayaninta. Harufanta 5 ne kacal: *demur*. Ba a jin ta a kasuwa, ba a jin ta a cikin trotro, kai ko Turawan da suka gaji yaren ba kullum suke faɗinta ba. Wurin zamanta jarida ne, da littattafan adabi, da takardun kotu, da irin dogon nassin nan da ake ba ɗalibi a jarrabawa a ce ya karanta ya amsa tambayoyi. Mai shirin WASSCE in ya ci karo da ita bai san ta ba, yana iya juya labari gaba ɗaya, domin ita ce za ta gaya masa ko mutumin da ake magana a kai ya yarda ko bai yarda ba.

Kalmar fi'ili ce. In aka ce mutum ya yi *demur*, ana nufin ya buɗe baki ya nuna yana da ja a kan wata magana, amma a tausashe, ba ɗaga murya, ba cin fuska. Abu biyu ke nan a haɗe, ja da kuma kame harshe, kuma in ɗaya ya fita kalmar ta tashi daga aiki. Ga jimla: *The chairman proposed Friday, but the treasurer demurred.* Shugaba ya kawo shawarar a yi taro ranar Juma'a, ma'aji kuwa ya ɗan ja. Me ma'ajin ya ce? Jimlar ba ta faɗa ba, amma muna iya jin muryarsa: "Ranka ya daɗe, anya Juma'a za ta yiwu kuwa? Mutane fa suna da hidima." Bai buga tebur ba, bai tashi ya fita ba, bai kuma yi gum ba. Da ya ƙi fafur, da marubucin ya ce *refused*. Da ya tsaya suna ka-ce-na-ce, da an ce *argued*. Wannan kuwa ya tsaya a tsakiya, kuma har yanzu ana iya shawo kansa.

Akwai wasu wurare biyu da ake yawan ganinta. Na farko shi ne inda aka yabi mutum ko aka miƙa masa wani girma, shi kuma ya kauce: *They called her a hero, but she demurred.* Wato ta ce, "A'a, ni wace ce? Aikin jama'a ne." Na biyu na 'yan jarida ne, musamman na Amurka. A tambayi ɗan siyasa ko zai tsaya takara, ya yi murmushi ya ce lokaci bai yi ba tukuna, sai washegari ka ga an rubuta *he demurred*. A nan ma'anar ta karkata zuwa ƙin ba da amsa cikin ladabi. Ku lura, ko a nan ɗin ma bakinsa ya motsa. Wanda aka tambaya ya wuce abinsa bai tanka ba, ba a ce ya yi *demur*.

To daga ina ta fito? Asalinta ba shi da alaƙa da magana ko kaɗan. A Latin akwai *mora*, wato jinkiri, daga nan aka sami *demorari*, tsayawa ko daɗewa a wuri. Tsohon Faransanci ya ɗauke ta ya mai da ita *demorer*. A shekarar 1066 Normawa, masu magana da wani irin Faransanci, suka ƙetaro teku suka ci Ingila da yaƙi, yarensu ya zama yaren fada da na kotu na ɗaruruwan shekaru, kalmomi masu ɗimbin yawa suka kwarara cikin Ingilishi. Tamu tana cikinsu. A ƙarni na 13 an riga ana rubuta ta da Ingilishi, ma'anarta a lokacin ita ce dakatawa ko jinkirtawa. Sai wajen ƙarni na 17 ma'anar nuna ja ta kafu, tsohuwar kuma ta yi ta dusashewa har ta ɓace. 'Yan uwanmu na Nijar da Togo da suka yi boko da Faransanci za su gane 'yar uwarta nan take: *demeurer*, zama a wuri, har yau suna amfani da ita. Haka ma *moratorium* da muke ji a labarai, dakatar da biyan bashi ko wani aiki na ɗan lokaci, daga wannan *mora* ɗin take.

Yadda tsayawa ta koma ja, a kotu aka fi ganinsa sarai. A tsohon tsarin shari'ar Ingila akwai amsar da wanda ake ƙara zai iya bayarwa mai suna *demurrer*, kuma amsa ce mai wayo. Misali maƙwabcinka ya kai ka ƙara wai shekara guda ba ka gaishe shi ba, yana neman diyya. Kana iya musantawa, ka ce ƙarya ne, ka kawo shaidu. Kana kuma iya cewa, "Na ji, mu ɗauka duk abin da ya faɗa gaskiya ne. To wace doka ce ta ce a biya diyyar gaisuwa?" Da ka faɗi haka ba a ci gaba da sauraren shaidu, shari'a ta tsaya cik sai alƙali ya warware wannan tambaya ta doka. Ka ga mutum bai ƙaryata kowa ba, bai zagi kowa ba, amma ya tsai da tafiya. Ingila ta soke wannan hanya a 1883, kotunan tarayya na Amurka suka bar ta a 1938 suka kawo wata a madadinta, sai dai jihar Kalifoniya har yau lauyoyinta suna shigar da *demurrer* da wannan suna.

Akwai kuma jikar kalmar da iyayenmu 'yan kasuwa suka sani fiye da mu, don ta taɓa aljihunsu. Duk wanda ya taɓa fitar da kwantena daga tashar jirgin ruwa ta Tema, shi ko ɗan Nijar ko ɗan Burkina Faso da kayansa ke bi ta can, ya san *demurrage*. Kamfanin jirgi yana ba ka wasu kwanaki kyauta ka kwashe kayanka. In suka wuce, kowace rana da kuɗinta. A wannan kalma tsohuwar ma'anar jinkiri tana nan daram, ba ta motsa ba. Duk wanda *demur* ta shige masa duhu ya tuna da kwantenar da ta kwana a Tema: tafiya ce aka yi niyya, wani abu ya riƙe ta.

Mu da muke karatun Larabci wannan sauyin ma'ana bai kamata ya ba mu mamaki ba. Daga *waƙafa*, ya tsaya, aka sami *tawaƙƙuf*, wato malami ya dakata bai yanke hukunci a kan mas'ala ba. Kuma duk wanda ya ɗan zauna gaban littattafan sharhi ya ga inda mai sharhi zai kawo maganar wanda ya gabace shi, maimakon ya ce ya yi kuskure sai ya ce *fihi nazar*, a cikin wannan akwai abin dubawa. A ganinmu babu fassarar *demur* da ta kai wannan dacewa.

Yanzu ga yadda ake sarrafa ta, don a nan ake zubar da maki. Fi'ili ne lazimi, ba ya ɗaukar maf'uli kai tsaye. Ba a cewa *he demurred the plan*. In ana son ambaton abin da aka ja a kai, sai a sa *at*: *He demurred at the price*, ya ɗan ja a kan farashin. Sau da yawa ma ita kaɗai take tsayawa a ƙarshen jimla, kamar misalan da muka kawo a sama. Wajen furuci, nauyin murya yana kan gaɓa ta biyu, di-MAA, ƙarshenta ya yi daidai da na *prefer* da *occur*. Saboda wannan nauyin ne ake ninka harafin ƙarshe in za a ƙara mata wutsiya, kamar an ɗora masa shadda: *demurred*, *demurring*, r biyu, daidai da *preferred* da *occurred*. Tana kuma zama suna, amma kusan a wuri ɗaya kawai, cikin *without demur*, wato ba tare da ja ba. Ku riƙe wannan, za mu dawo kanta.

Sai babban tarko. Akwai wata kalma, *demure*, da harafi ɗaya kawai ya raba su. Ita siffa ce, ana furta ta di-MIYUWA, ƙarshenta kamar na *pure*, kuma tana nufin mai kunya da natsuwa, galibi mace ake siffantawa da ita. Wannan ta yi tashe a 2024 sanadiyyar wani ɗan gajeren bidiyo a TikTok, har ƙamus ɗin Dictionary.com ya zaɓe ta kalmar shekara. Saboda haka yanzu yara da yawa sun san *demure* ba su san *demur* ba, in suka ga ta biyun sai su ɗauka ta farkon ce aka manta da harafi. Ɗalibin da ya karanta *she demurred* ya fassara da "ta sunkuyar da kai don kunya" ya kife ma'anar. Yarinyar da ya ɗauka ta yi shiru, ita ce wadda ta yi magana.

Kada kuma taushin kalmar ya sa a raina ta. Emily Dickinson, mawaƙiyar Amurka da ta rayu daga 1830 zuwa 1886, ta sa ta a wata gajeruwar waƙa mai layi 8, inda ta gwama ta da amincewa. Abin da take nufi shi ne jama'a suna ɗaukar mai bin ra'ayin masu rinjaye a matsayin mai hankali, wanda ya ja kuwa, ko da a hankali ne, sai a ɗauke shi mutum mai haɗari. Da gangan ta zaɓi kalma mafi laushi, don ta nuna ko wannan ɗan jan ba kowa ke jure shi ba.

Da Hausa fa? Mun zauna mun jera kalmomi, ba mu sami guda ɗaya da ta rufe ta ruf ba. Gardama da musu sun yi zafi. Turjiya ta yi ƙarfi, ta fi kama da akuyar da ake ja zuwa kasuwa. Noƙewa ta kusa, sai dai ita da kafaɗa ake yin ta, ba lallai a ce uffan ba. Kawaici kuwa kishiyarta ce, domin mai kawaici ya ga abin da bai so ya haɗiye. Mafi kusa shi ne "ja" na cikin "ina da ja" da "ba ni da ja". Amma in aikin kalmar ake nema, Bahaushe yana da kayan aikin birjik: "anya kuwa?", "ba na ƙi ta taka ba, amma...", "da dai an ƙara dubawa", "a gafarce ni, ina da 'yar magana". Duk wanda ya faɗi ɗaya daga cikin waɗannan a gaban babba, Bature zai rubuta *he demurred*.

Matsalar tana wajen sauran hanyoyin namu, waɗanda ba su da kalmomi. An tarbiyyantar da mu da kunya da kara, kuma a gida abin yana aiki, don kowa ya san karatunsa. In Baba ya ce, "Gobe za ka bi kawunka Tamale," ɗa ya sunkuyar da kai ya ce "tooo" mai tsawo, Inna da ke gefe ta riga ta gane yaron bai so, da dare za ta sami Baba ta ce, "Malam, yaron nan fa ransa bai kwanta ba." Akwai "to" ta yarda, akwai "to" ta na-ji-dai, akwai "to" ta ba-yadda-zan-yi, kunnen Bahaushe yana rarrabe su.

To ku ɗauki wannan "tooo" ɗin ku kai ta taron iyaye da malamai a makarantar boko, ko zaman kwamitin unguwa da jami'an gunduma, inda sakatare ba Bahaushe ba ne kuma da Ingilishi yake rubuta abin da aka tattauna. An kawo shawarar ƙarin kuɗi, ko ta tashin masu sayar da abinci daga bakin titi. Iyayenmu sun yi shiru, wasu sun ce "tooo", wani dattijo ya girgiza carbinsa ya dubi ƙasa. A wurinsu sun nuna ba su so. Sakatare kuwa ya duba bai ga hannu a sama ba, bai ji wata jimla ba, sai ya rubuta: *The proposal was accepted without demur.* An karɓi shawara ba tare da ja ba. Bayan wata uku in aka koma ana kuka, takardar za a buɗe, kuma sakataren bai yi ƙarya ba.

Galibi mu ne ake tura wa irin wannan taro mu yi wa iyaye tafinta, ko a miƙo mana takardar a ce mu karanta. Saboda haka in dattijo ya ce "anya kuwa" a gefenka, kada ka bar ta a Hausa, ka juya ta. Ba sai ka yi amfani da *demur* ɗin kanta ba, don ita kalmar mai ba da labari ce, da wuya ka ji mutum ya miƙe a taro ya ce *I demur*, sai ka ce lauyan zamanin da. Abin da ake faɗa shi ne *He has a reservation*, ko *With respect, he does not agree*, sannan ka roƙi sakatare ya rubuta. In kuma takardar taron da ya wuce aka ba ka, ka nemi wurin da aka sa *without demur* ka karanta wa Baba shi da Hausa kafin ya sa hannu.