Cin Rani: A Je Birni, Kada A Saki Gona

Da zarar an gama kaka, an zuba gero da dawa a rumbu, sai mutane su fara raguwa a ƙauyukan Ƙaura Namoda da Shinkafi da Zurmi. A Birnin Tsaba da kewaye, samari da magidanta sukan ɗaure kaya su nufi tasha. Wannan tafiya ita ake kira cin rani.

Dalilin tafiyar a fili yake. Damina a wannan yanki ba ta wuce wata huɗu zuwa biyar. Sauran watanni babu aikin gona, sai ga mai fadama. Idan mutum ɗaya ya tafi, an rage wa rumbu baki ɗaya. Hatsin da zai ci ya zama na yara. In an dace kuma, ya dawo da kuɗin taki da suturar iyali, ko sadakin aure.

Al'adar ta daɗe. A zamanin Turawa, neman kuɗin haraji ya fitar da mutane da yawa daga gida. A 1929 jirgin ƙasa ya iso Ƙaura Namoda, tafiya Kurmi ta ƙara sauƙi. Mutanen Lardin Sakkwato, har da Zamfara, sun yi aiki a gonakin koko na ƙasar Yarbawa da na Gana. A yau 'yan ci-rani sun fi nufar Kano da Kaduna da Abuja da Legas. Wasu na dako, wasu ga-ruwa, wasu gadi ko gyaran takalma ko leburancin gini.

Amma aikin baƙunta ba shi da tabbas. A 1969 gwamnatin Busia ta kori baƙi marasa takardu daga Gana, da yawa suka dawo hannu rabbana. A 2013 an hana acaɓa a birnin Kano. A 2022 Legas ta hana shi a manyan sassanta. Cikin kwana ɗaya sana'ar dubban mutane ta tsaya.

Ba a nan kaɗai ake wannan tafiya ba. A ƙasar Sin, wato Caina, mutanen karkara kusan miliyan 300 ne suka bar noma suka koma aikin masana'antu da gine-gine da sauransu. A 1958 dokar ƙasar ta rubuta kowa a matsayin ɗan birni ko ɗan ƙauye. Don haka sa yara makarantar birni yakan yi wa baƙo wuya, sai a bar su a hannun kakanni. Amma yawancinsu ba su rasa gonarsu ta ƙauye ba. A farkon 2009, da ciniki ya faɗi a duniya, kimanin miliyan 20 suka rasa aiki. Ƙauye suka koma, gona ta karɓe su.

Darasin ɗaya ne, a Sin ko a Zurmi. Birni wurin nema ne, gona ita ce makoma. Ɗan ci-ranin da ya makara har aka yi ruwan shuka, ya yi asarar shekara guda. Wanda ya sayar da gona don kuɗin mota, ba shi da wurin komawa ranar da birni ya ƙi shi.

Akwai kuma waɗanda ba da son ransu suka tafi ba. Tun wajen 2011 hare-haren 'yan bindiga suka raba dubban manoman Zamfara da gonakinsu. Waɗannan ba 'yan ci-rani ba ne, 'yan gudun hijira ne. Taimakonsu da tsare musu gonakinsu haƙƙi ne a kan hukuma da masu sarauta.

Mai niyyar tafiya ya kula da abu huɗu. Ya bar wa iyali abincin da zai kai su. Ya sanar da gida inda zai sauka da wanda zai sauke shi. Ya riƙa aiko da kuɗi kaɗan-kaɗan, ya rubuta abin da ya aika. In hanya da daji sun yi lafiya, ya dawo cikin bazara don sharar gona da kai taki. Masu iya magana sun ce, kowa ya bar gida, gida ya bar shi.