'Dune': Fim ɗin da ke tona asirin kayan kallo

Duk wanda ya kashe kuɗi ya haɗa babbar talbijin da lasifikoki a falonsa, akwai fim ɗin da zai gaya masa ko ya yi sayen kirki ko kuwa an yi masa sakiyar da ba ruwa. Fim ɗin shi ne 'Dune' na darakta Denis Villeneuve, wanda ya fito a 2021.

Labarin ba sabo ba ne. Daga littafin Frank Herbert na 1965 aka ɗauko shi, kuma David Lynch ya taɓa yin fim ɗinsa a 1984, sai dai bai yi kasuwa ba, har shi kansa Lynch ɗin ya nesanta kansa da shi. Villeneuve ya sake lale, ya kwashi ma'aikata zuwa hamadar Jodan da ta Abu Dhabi. A 2022 sabon ya cinye kyautar Oscar guda 6, ciki har da ta sauti, ta ɗaukar hoto, da ta kiɗan Hans Zimmer.

To, ta yaya ake gwajin? Na farko, wurin da ƙatuwar tsutsar hamada ta haɗiye injin haƙa. Wufa mai kyau za ta sa a ji rugugin a ƙirji tun kafin a ga tsutsar. Ta bogi kuwa sai dai ta yi ta karkarwa kamar tsohon kwano.

Na biyu, raɗa. 'Yan wasan na yawan magana ƙasa-ƙasa, kiɗa na tashi a kansu. In lasifikar tsakiya ba ta da ƙarfi, rimot ba zai bar hannun mai kallo ba.

Na uku, harin da aka kai birnin Arrakeen da dare. Talbijin mai rauni duk toka-toka za ta maida duhun, a kasa gane waye ke saran wa.

Amma fa a faifan 4K mai sautin Dolby Atmos aka fi samun wannan. Kwafin da aka matse aka tura a waya ya riga ya zubar da rabin aikin.

Abin lura kuma: fim ɗin awa 2 da minti 35 ne, yana tafiya a hankali, ga shi a tsakiyar labari ya tsaya, sai a 2024 kashi na biyu ya zo. Mai son faɗa tun daga farko zai ƙosa. Mai son sanin darajar kuɗinsa kuwa, ya kashe fitila ya ƙara murya.