Kek Ɗin Dodo: Daga Ina Launinsa Yake Fitowa?

Gabatarwa

A daren 31 ga watan Oktoba na kowace shekara, mutanen Amurka da Ingila da Ayalan kan yi wani biki mai suna Halowin. Asalinsa bikin ƙarshen kaka ne na mutanen Ayalan na dā, waɗanda suka ɗauka cewa a wannan dare fatalwa kan fito yawo. A yau ya koma wasan yara, inda sukan yi shigar dodanni su bi gida-gida ana ba su alewa, kusan yadda ake yin tashe da azumi. Iyaye mata kuwa sukan gasa kek, su yi masa adon jemage da saƙar gizo-gizo da launuka uku, wato ruwan goro da ja da baƙi.

Wannan biki ba al'adar Dutsin-Ma ko Kurfi ba ce, amma kek mai launi ya riga ya shiga bikin aure da suna da walimar ɗalibai, musamman tun da aka kafa Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma a 2011. Saboda haka ya dace mai gasawa da mai ci su san asalin launin da ake zuba masa.

Yadda Ƙullu Ke Zama Kek

Idan aka buga bota da sukari, ƙwayoyin sukarin kan cusa ƙananan kumfar iska cikin botar. Bakin hoda, wanda Alfred Bird ya haɗa a Ingila a 1843, gaurayen sinadarai biyu ne, ɗaya mai tsami, ɗaya dangin kanwa. Da sun jiƙe suka ji zafi sai su fitar da iskar kabon dayoksaid, ita kuma ta hura kumfar nan. A zafin tanda na kimanin digiri 180, furotin ɗin ƙwai kan daskare, sitacin fulawa ya kumbura, su zama bangon da ke riƙe iskar. Wannan ne dalilin da kek ke faɗawa idan aka buɗe tanda, ko tukunyar yashi, kafin bangon ya yi ƙwari.

Launukan da Ke Gona

Yankin madatsar ruwa ta Zobe, wadda aka kammala kan kogin Karaduwa a 1983, ƙasar noma ce, kuma biyu daga cikin launukan nan uku suna cikin kayan miyan da ake kasawa a kasuwanninsa.

Ruwan goro yana cikin kabewa, wadda ita ce tambarin bikin Halowin, kuma ita ce ta miyar taushe. Launinta daga sinadarin karotin yake, wanda jiki ke mayarwa bitamin A mai taimaka wa gani da dare. Karotin yana narkewa a cikin mai, kuma yana jure zafin tanda. Don haka dafaffiyar kabewa da aka dama cikin ƙullu mai bota takan ba da launi da laushi a lokaci guda, muddin an rage madara saboda ruwan da ke jikinta.

Ja yana cikin zoɓo, daga sinadarin antosayanin, wanda ke da wani hali na ban mamaki. Cikin tsami ja ne wur, amma da ya haɗu da kanwa sai ya juya shuɗi-shuɗi mai duhu. Duk macen da ta taɓa jefa kanwa cikin zoɓo don kashe tsaminsa ta ga wannan da idonta. Tun da akwai dangin kanwa a bakin hoda, zoɓon da aka zuba cikin ƙullu kan dusashe ya yi toka-toka. Wurinsa shi ne ayisin, wato kwaɓin sukarin da ake shafa wa kek bayan ya huce. A nan ɗigon lemon tsami kan fito da jansa kamar jini.

Baƙi kuwa daga garin cakulan ake samunsa, musamman wanda masana'anta ta sarrafa da dangin kanwa, domin hakan na ƙara masa duhu. Idan ana son saƙar gizo-gizo, sai a zana zobba baƙaƙe a kan farin ayisin, ƙarami cikin babba, sannan a ja tsinke daga tsakiya zuwa baki tun bai bushe ba.

Launin da Ke Cutarwa

A 2021 hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta ba da rahoton yara shida a jihar Rhode Island da suka kamu da amai da gudawa a 2018, bayan sun ci kek da aka barbaɗa wa hodar ƙyalli mai jan ƙarfe. A jihar Missouri kuma, a 2019, an sami dalma a jinin wani yaro ɗan shekara ɗaya, aka gano cewa kashi 25 cikin ɗari na hodar da aka yi wa kek ɗinsa ado da ita dalma ce. Dalma tana daƙile ƙwaƙwalwar yaro, kuma ɓarnarta ba ta gyaruwa. Bugu da ƙari, a Janairun 2025 Amurka ta janye izinin sa wani jan launi mai suna iritirosin a abinci, saboda ya haddasa cutar daji a jikin ɓerayen gwaji. Haka nan garin gawayin asibiti da wasu ke baƙanta kek da shi yana kama magunguna a cikin hanji, ya hana jiki amfana da su.

Kammalawa

Launin da aka auno a leda ba suna, ba lambar hukumar NAFDAC, babu mai iya shaidar abin da ke cikinsa, kuma yara ne suka fi wawason ayisin. Wanda zai sayi launi ya duba rubutun da ke tabbatar da cewa na ci ne, domin wata hodar ta ado ce kurum. Wanda kuma bai sami mai shaida ba, kabewa da zoɓo da garin cakulan sun ishe shi yin kek ɗin da zai tsorata ido ba tare da ya cuci ciki ba.