Baƙo marar takardu: me doka ta ce a kansa?

Yau zancenmu a kan ƴan cin rani ne, musamman waɗanda ke zaune a wata ƙasa ba su da takardu. Kusan kowane gida, daga Tawa har Damagaram, yana da wani a waje. Saboda haka zancen na kowa ne.

Wane ne marar takardu? Shi ne wanda ya shiga wata ƙasa ba fasfo, ba biza, ko wanda ya shiga da izini amma wa'adinsa ya ƙare bai fita ba. Ku kula da kyau, wannan mutum ya taka dokar shiga ƙasa. Amma bai yi sata ba, bai kashe kowa ba. Ƙasar da yake ciki tana da ikon ta ce ya fita. Abin da ba ta da iko shi ne ta ɗauke shi kamar dabba.

Wannan ba maganata ba ce. A ranar 18 ga Disamba 1990 Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da wata yarjejeniya a kan ma'aikata baƙi da iyalansu. Yarjejeniya ita ce alkawarin da ƙasashe ke rubutawa, su sa hannu. Libiya ta shiga a 2004, Aljeriya a 2005, Nijar da Nijeriya a 2009. A ciki akwai babi guda wanda ya shafi kowane baƙo mai aiki, ko yana da takardu ko ba ya da su.

Babin ya ce ba a dukan baƙo, ba a azabtar da shi, ba a sa shi aikin dole. In ya kamu da ciwo mai iya kisa, likita ba zai ƙi shi ba don rashin takarda. Ɗan da ya haifa a can yana da haƙƙin suna da takardar haihuwa, kuma ba a hana shi shiga lakwal saboda laifin iyayensa.

Akwai wurare biyu da nake so mu daɗe a kansu, domin nan ne ake yawan cutar ƴan uwanmu. Na farko kuɗin aiki. Mutum ya yi wata huɗu yana ɗaukar siminti a wurin gini. Ranar biya ta zo, maigidan ya ce: ai ba ka da takardu, in ka yi magana zan kira ƴan sanda. Yarjejeniyar ta ce ko an kore ka daga ƙasar, kuɗin aikinka yana nan, naka ne. Ta ce kuma dole a ba ka damar biɗar kuɗin, ko kafin ka fita ko bayan ka fita. Haka nan maigida ba shi da ikon karɓe fasfonka ko katinka na ɗan ƙasa ya riƙe. Ma'aikacin hukuma kaɗai ke iya karɓa, shi ma sai ya ba ka takardar shaida cewa ya karɓa.

Na biyu korar taro, wato a kwashe mutane gaba ɗaya a zuba cikin mota, ba a tambayi kowa sunansa ba. Dattawanmu sun san wannan. A Nuwamba 1969 gwamnatin Busiya ta Gana ta ba baƙi marasa takardu sati biyu su fita. A Janairu 1983 gwamnatin Shehu Shagari ta yi haka a Nijeriya. Ƴan Nijar da yawa sun komo gida da abin da kansu zai iya ɗauka kawai. To, yarjejeniyar 1990 ta hana wannan. Ta ce a duba maganar kowane mutum shi kaɗai, a gaya masa dalili da harshen da yake ji, kuma a bar shi ya nemi jakadan ƙasarsa. Yarjejeniyar haƙƙin ɗan Adam ta Afirka, ta 1981, ita ma ta hana korar taro.

Wani zai ce: malam, wannan ai a takarda ne. Gaskiyarsa. Shekara da shekaru motocin Aljeriya suna sauke baƙi a bakin iyaka, kilomita 15 daga Asamaka, su ƙarasa da ƙafa cikin rairayi. Ƙungiyar Alarme Phone Sahara ta ƙidaya mutum fiye da 30.000 da aka koro ta wannan hanya a 2024. Kuma ba wata ƙasa ta Tarayyar Turai da ta shiga yarjejeniyar 1990. Amma wanda ya san an taka haƙƙinsa yana iya kai kuka, ya ba da shaida a rubuta. Wanda bai sani ba sai ya ce ƙaddara ce, ya yi shiru.

Yanzu mu komo gida, inda aka yi gardama mai zafi a kan wata doka. A Oktoba 2013 motoci biyu da suka tashi daga Arlit suka lalace cikin hamada kusa da iyakar Aljeriya. Mutum 92 suka mutu da ƙishirwa, yawancinsu mata da yara, da yawa daga yankin Kance. Ƙasa ta yi zaman makoki na kwana uku. A ranar 26 ga Mayu 2015, zamanin shugaba Mahamadu Isufu, aka kafa doka mai lamba 2015-36 wadda ta hana fataucin baƙin haure. Direban da aka kama yana iya shan kaso shekara 5 zuwa 10. Daga 2016 aka fara kama direbobi a Agadas, ana ƙwace motocinsu. Tarayyar Turai ta goyi bayan aikin da kuɗi, domin ba ta son baƙi su isa bakin teku.

Masu goyon bayan dokar sun ce ta rage mugayen da ke cin kuɗin talakawa su yar da su a daji. Masu suka suka ce tafiya ba ta tsaya ba, ɓuya kawai ta yi. Da can ayarin motoci na tashi daga Agadas ran Litinin, sojoji na rakiya. Bayan dokar sai direbobi suka riƙa kauce wa rijiyoyi da manyan hanyoyi don gudun jandarma, kuma in mota ta lalace ba mai ganinta. Mutanen Agadas kuma suka ce an kashe musu kasuwa. A ganina kowane ɓangare yana da gawar da zai nuna, shi ya sa gardamar ta yi wuya. A Nuwamba 2023 shugaban ƙasa Janar Abdurahaman Tiani ya soke dokar, aka shafe hukuncin waɗanda aka ɗaure a kanta.

Nan ne mutane da yawa suka yi kuskuren fahimta. Dokar da aka soke ta direbobi ce da masu masauki a cikin Nijar. Soke ta bai ba kowa izinin zama a Tamanrasat ko Sabha ba. Yarjejeniyar CEDEAO ta 1979, wadda ta yarda da zaman kwana 90 ba biza, ba ta taɓa shafar Aljeriya da Libiya ba. Nijar ma ta fita daga CEDEAO a ranar 29 ga Janairu 2025. Don haka ko Abijan ko Akara za ka, ka tambayi ofishin ƴan sanda takardar da ake karɓa kafin ka sayi tikiti.

In tafiya ta kama, ka fara da takardar haihuwa a ma'aikatar magajin gari, domin da ita ake yin katin ɗan ƙasa da fasfo. Ka bar hoton takardunka a gida wajen wani amintacce. A wurin aiki ka sayi ɗan littafi, ka riƙa rubuta ranakun da ka yi aiki, da sunan maigida, da kuɗin da kuka shirya. In an kama ka an miƙo maka takarda da Larabci ko Faransanci, ka roƙa a fassara maka kafin ka sa hannu ko ka dangwala yatsa.